Ranar da Zulkifli ya share muryar Malam

Akwai wani saurayi a Birnin Kebbi, Zulkifli, lokacin da kwamfuta sai gidan wane da wane. Kullum cikin gardama yake da abokinsa Abbas ɗan Argungu. Gardamar kuwa a kan manhajar da ke tafiyar da kwamfuta ce: Abbas na Windows, shi kuma na Linux.

"Kai ɗan danna-danna ne," in ji Zulkifli. "Wanda ya san kwamfuta ba ya bin hoto kamar yaro."

Abbas ya ce, "Na ji, gwani. Ta gidanku dai ka bar ta yadda take."

Cikin kwamfutar gidan nan akwai karatun mahaifinsa, marigayi Malam Abdussamadu. Daga kaset aka juye shi, kaset ɗin kuwa ambaliya ta cinye su. Duk Juma'a bayan la'asar mahaifiyarsa Inna Sauda takan shimfiɗa tabarma a kunna mata muryar mijinta.

Ranar wata Alhamis Zulkifli ya sa faifan Linux don ya rufe bakin Abbas. Kwamfuta ta tambaye shi ko ta share komai. Bai ko karanta ba ya danna, a ganinsa ya wuce a yi masa tambaya.

Da ya gama, ya nemi karatun. Wayam.

Ya duba nan, ya duba can.  Sai ga muryar Inna daga tsakar gida:

"Zulkifli, gobe Suratu Yusuf nike so hwa."

"To, Inna," ya ce, da ƙyar.

Ya naɗe kwamfutar da zane, ya rungume ta cikin mota har Argungu. 

Abbas bai yi masa dariya ba. Wannan ya fi dariyar tsorata shi.

"Abin da ka sa ya hau kan karatun," in ji Abbas. "Bari mu tona, ko Allah ya bar wani abu."

Suka tona, suka tona. Guntu ɗaya tak ya fito.

Ranar Juma'a Inna ta shimfiɗa tabarma, Zulkifli ya kunna guntun. Malam ya yi gyaran murya, ya ja aya biyu, sai aka ji ya ce, "Zulkifli, rufe ƙofar nan, iska na watsa min takardu." Shi ke nan, shiru.

"Ina sauran?" in ji Inna.

Zulkifli ya durƙusa ya faɗa mata komai, yana jiran faɗa. 

"Sake kunna min wanga," ta ce.

Darasi: Son a ce ka fi wani sani yana iya cinye abin da ba ya dawowa. In an yi maka gargaɗi ka tsaya, in an tambaye ka ka karanta. Don Allah ku tura wa masu gardamar nan, ko wani zai tsira.