Gizo da Ranar Gamon Wata Biyu

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, Kaka.

Wata ƙasa ce can bayan inda gajimare ke kwana, wata biyu gare su, fari da ja. Kowanne da hanyarsa, ba sa haɗuwa sai sau ɗaya a shekara, da almuru, kafin kaji su gama shiga akurki. Ran da suka gamu, ran nan sabuwar shekara ta kama.

Mutanen can ba sa tsufa kullum irin namu, sai ranar gamo. Duk wanda hasken ya taɓa, za a ƙara masa shekara guda, a sauke masa nauyin wadda ta wuce, ciwo ne, fushi ne, baƙin ciki ne. Al'adarsu kuwa, miji da mata su riƙe ƙwarya guda ta ruwa, shi gefe ita gefe, su ga watannin a ciki, sannan su sha.

To, wata shekara Gizo ya leƙa ƙwarya, maimakon ya dubi wata sai ya dubi kansa. Ya ga furfura ƙwaya ɗaya. Hankalinsa ya tashi.

"Ƙoƙi," ya ce wa matarsa, "ashe hasken nan ɓarawo ne. Ni da shi mun raba gari."

"Maigida, wa zai riƙe mini gefen ƙwarya?"

"Hannu biyu gare ki."

Da shekara ta zagayo, Gizo ya faɗa rumbu ya ja murfi. Ƙoƙi ta riƙe ƙwarya ita kaɗai, ruwa na tangal-tangal. Da safe ya fito yana taƙama, ko silin furfura bai ƙaru ba. Amma ƙayar da ta soke shi a gona da damina, ciwonta na nan daram.

Shekara ta biyu ya shige ƙarƙashin turmi. Abokinsa Kunkuru ya zo ya ƙwanƙwasa.

"Gizo, fito. Rigimar da muka yi a kan iyakar gona, bari haske ya wanke mana ita."

"Je ka wanke taka. Tawa tana mini amfani."

Kunkuru ya tafi ya sha ruwansa, ya manta da zancen. Gizo kuwa ya kwana da fushinsa, ya tashi da shi.

Shekara ta uku mahaifiyarsa ta rasu. Ranar gamo ya shiga tsohuwar rijiya. Kowa ya sauke baƙin cikinsa, shi nasa kullum sabo, kamar jiya aka yi rasuwar.

Ladidi, daina gyangyaɗi, yanzu ne zancen ya zo.

Haka ya yi ta ɓuya har shekara arba'in. Gashinsa baƙi wuluk, ƙafarsa na ɗingishi, ba ya gaisawa da kowa. Ƙoƙi kuwa ta tsufa, bayanta ya ranƙwafa, idonta ya dushe.

Ranar wani gamo, yana shirin shiga rumbu, sai ya ji ruwa ya zube a tsakar gida. Ya leƙo. Ƙoƙi ce zaune a ƙasa tana laluben ƙwarya.

"Maigida," ta ce a hankali, "hannuna ya daina iyawa, idona ma ba ya ganin watannin. Ina jin wannan ne gamona na ƙarshe. Ba na so ya same ni ni kaɗai."

"In na fito, shekara arba'in za su sauko mini gaba ɗaya."

"Na sani. Ni ɗaya bayan ɗaya na ɗauke su, ban ji nauyinsu ba. Abin da ya dame ni, babu ko guda da muka ɗauka tare."

Gizo ya tsaya, ƙafa ɗaya a cikin rumbu, ɗaya a waje. Kunya ta kama shi, tausayinta ya cika masa ciki. Ya sauko, ya ɗebo ruwa, ya kama gefensa, ya ɗora hannunta a nata gefen.

Watanni suka gamu. Haske ya sauka a kansa. Nan take kansa ya yi fari fat, ƙafafunsa suka sirance suka lanƙwashe, kamar yadda kuke ganinsa yau. Amma ciwon ƙaya ya tafi, fushi ya tafi, ya tuna mahaifiyarsa bai ji zafi ba.

"Yaya suke?" in ji Ƙoƙi.

"Jan ya jingina da farin, kamar ya gaji da tafiya."

"Haka suke tun da," ta ce, tana murmushi. "Sha ka ba ni."

Suka sha. Kafin gamo na gaba Ƙoƙi ta rasu. Gizo ya fito ya riƙe ƙwarya shi kaɗai, ranar ya san nauyin abin da ya bar mata shekara arba'in.

Kun ji, jikokina. Wanda ya guje wa tsufa bai tsira da komai ba, zama da nasa ya rasa. Shekara in ta zo, ku fito ku tarye ta tare da masu ƙaunarku.

Ƙungurus kan kusu, tatsuniya ta koma gidanta. Ku tashi ku shimfiɗa mini tabarma.