Katangar da Ta Kauce wa Tsamiya

Dalilin da ya sa katangar arewa ta masallacin Kwarin Gwaza ta lanƙwashe kamar bakan maharbi, shi kuke son ji? To ku matso. Kai Sallau, bar tsokanar ƙanwarka ko in ja bakina in yi shiru. Kuma kada in ƙara jin wani ya ce maginin ne bai iya aiki ba. Barmo ne bai iya aiki ba? Yaro, bakinka ya yi kaɗan.

A wancan zamani masallacin nan bai fi ɗakin girki girma ba. Tsamiyar da kuke gani a jikinsa kuwa ta Maguzawa ce, su da suka riga kowa zama a kwarin. A gindinta suke zuba farau-farau kafin su sa fartanya a gona, nan kuma suke kai sabon gero kafin kowa ya ɗanɗana. Mai kula da ita wani tsoho ne, Nomau, kakanninsa duk a ƙarƙashinta suke kwance.

Da Musulmi suka yi yawa, sahu ya riƙa fita har cikin rana, sai aka ce a faɗaɗa masallaci. Aka kira Barmo magini, mutum mai ji da kansa, wanda in ya ja katanga sai ka rantse da wuƙa aka yanke ta. Ya kafa turke, ya ja igiya, igiya ta tafi sak ta doki cikin tsamiya.

Barmo ya ce, "A sare ta."

Samari suka zo da gatura, suka tarar da Nomau zaune ya jingina bayansa da itacen. Bai zagi kowa ba, bai kuma motsa ba. Dole aka aika wa Liman Ɗahiru.

Liman ya ce, "Baba Nomau, tashi mu yi magana."

"A zaune ma ina ji, Malam. Filin da kuke salla a kai, wa ya ba ubanka?"

"Mahaifinka ne."

"Ya tambaye shi wa zai bauta wa a kai?"

"Bai tambaya ba."

"To ni ban zo gardama ba. Ku sara, amma ku fara ta kaina."

Liman ya taka zuwa wurin turken. Can ya sunkuya ya kwance igiyar da hannunsa, ya ce, "Ba zan ja mutane salla a ƙasar ƙwace ba. Barmo, katanga ta kauce."

Barmo ya dafe kai. "Allah ya gafarta Malam, karkatacciyar katanga? Da sunana?"

"Da sunanka."

Ran da aka shiga haƙa harsashi, sai ga saiwoyi kamar cinyoyin bijimi sun ratsa ramin. Barmo ya ga dama ta samu, ya rarumi gatari. Liman, wanda bai yi nisa ba, ya ce masa, "Alkawarin da na yi, har da abin da ke cikin ƙasa." Haka Barmo ya jera tubali tsakanin saiwa da saiwa, yana yi yana tsaki. Da aka gama, 'yan kasuwa suka sa shi gaba da tsiya, wai katangarsa ta sha giyar Maguzawa. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai, har ya daina gaida Nomau.

Shekaru suka shuɗe. Wata damina aka tsuge da marka ba ƙaƙƙautawa, har wata safiya rafi ya ɓalle ya shigo gari. Wayyo, 'ya'yana! Gidaje suka riƙa narkewa kamar gishiri a miya. Ba ginin da ya kai masallaci tsawo, sai kowa ya nufi rufinsa, mata da goyo, tsofaffi, Musulmi da Maguzawa, ba mai tambayar wani.

Nomau kaɗai ya tsaya a ƙofa, ruwa iya ƙugunsa. Ya ce, "Wurinku ne, Malam."

Liman ya daka masa tsawa, "Wurin Allah ne! Hawo!" Ya miƙa hannu ya jawo shi.

Barmo na can sama, yana ta duban katangun, don ya fi kowa sanin ginin ƙasa ba ya jure ambaliya. Katangar kudu, miƙaƙƙiya, wadda yake alfahari da ita, ita ta fara zubewa, rufin wajen ya bi ta. Mutane suka yi kururuwa suka cure a gefen arewa, ƙarƙashin rassan tsamiya. Suna jin ruwa na cin ƙasa a ƙarƙashinsu. Katanga ta girgiza, ta sake girgiza. Masu salati na yi, masu kiran kakanninsu na yi. Ba ta faɗi ba.

Da ruwa ya janye aka sauko, sai kowa ya nufi gindin katangar arewa. Ƙasar da ke ƙarƙashin katangar babu ita, ruwa ya tafi da ita, har kana hango haske ta wancan gefen. A kan saiwoyi kaɗai ginin yake tsaye. Sun yi kauri, sun nannaɗe tubalan nan kamar yadda yatsu ke riƙe ƙwarya. Ni da aka ba labari ma, tsigar jikina tashi take yi.

Barmo ya durƙusa cikin taɓo yana kuka, yana cewa, "Ni ne fa na ɗauki gatari." Nomau ya ɗaga shi. Liman ya yi godiya yadda ya sani, Nomau ya yi yadda ya gada, ba wanda ya gyara wa wani.

Shi ya sa har yau ba mai miƙe katangar nan, ba kuma mai karya ko reshe ɗaya na tsamiyar. In lokacin yaɓe ya zo, jikokin Nomau ne ke kwaɓa ƙasar. Wasunsu yanzu coci suke zuwa, wasu muna sahu ɗaya da su, wasu na nan da farau-farau ɗinsu, amma duk sai sun zo.

Kakata jaririya ce a lokacin, tana goye a bayan uwarta a kan rufin nan. Da Barmo ya sauke gatarin nan a kan saiwa, Sallau, da babu ni, da babu kai.