Wuta Biyu a Maƙogwaro

A zamanin da babban kogi bai san jirgin ƙarfe ba, gaɓarsa duk kurmi ce da dorina, an yi wani mafarauci da ake kira Anaruwa. Ba maharbin daji ba ne, a ruwa yake farautarsa, da mashi mai igiya da ɗan kwalekwalen da shi kaɗai yake ɗauka. Tsofaffi sun ce dorina saba'in da uku ya kashe, kuma ya sha maganin ƙarfe har wuƙa ba ta kama fatarsa. Makaɗa suna yi masa kirari da "Anaruwa na Nomau, mashi ɗaya kabari ɗaya." Gajere ne mai faɗin ƙirji, magana kuwa sai ka roƙa.

Nomau ɗin nan wansa ne, shi ne jagoran jiragen mutanensu. A tsibiri suke zaune, kifi har ya ishe su, amma ƙasarsu ba ta yin hatsi. Duk shekara sukan loda busasshen kifi su hau kogi su musanya da gero, su gangaro da damina. Hanyar dawowa kuwa sai ta Maƙogwaro, inda kogi ya buɗe har ba ka hango ɗaya gaɓar, ƙarƙashinsa duwatsu kamar haƙoran kare. Mashiga ɗaya ce tak, faɗin jirgi biyu, kuma in ruwa ya cika ba ya barin kowa ya tsaya ya yi shawara.

A gaɓar yamma akwai wani ɗan ta'adda, Barmo, da mutanensa. Ba sa noma, ba sa kamun kifi. Abin da duwatsu suka fasa, shi suke ci.

Wata shekara hadari ya riƙe jiragen Nomau har duhu ya kusa. Anaruwa ya hura wuta a gaɓar gabas daidai mashigar, don wansa ya nufe ta. Bai ankara ba mutanen Barmo suka jefa masa taru ta baya, suka ɗaure shi a jikin kuka, suka kashe wutarsa, suka kunna tasu a can inda duwatsu suka fi kaifi. Yana ji yana gani jirage tara suka bi hasken nan suka tarwatse. Wanda ya yi iyo ya kai gaɓa, da kulki aka tarbe shi. Nomau ya fito da ransa, yana tangaɗi yana nufar wutar, yana kiran sunan ƙanensa, Barmo ya soke shi a wuya.

Da suka gwada wuƙa a jikin Anaruwa ta ƙi ci, Barmo ya yi dariya ya ce, "Ku bar shi. 'Yan uwansa za su ƙarasa mana aikin."

Haka kuwa aka yi, don ɗan Adam in ya yi rashi sai ya sami wanda zai ɗora wa. Ba wanda ya sake cin abinci da shi a tsibirin. Ayashe, matar Nomau, wadda ta tsira da jirage uku na baya, ta dube shi sau ɗaya ta ce, "Wutarka muka bi." Wannan magana ta fi masa sukar mashi ciwo.

Ya koma Maƙogwaro ya zauna shi kaɗai rani guda. Kullum yana shiga mashigar yana fita, yana zura gora yana auna zurfi, har ya lura da wani abu. In kana tsakiyar hanya, wata doguwar giginya ta gaɓar gabas takan tsaya cak a kan wani baƙin dutse da ke cikin ruwa. Ka kauce kaɗan, sai su rabu. Gaɓar Barmo kuwa laka ce shimfiɗe, ba tudu, ba doguwar bishiya.

Da damina ta kawo jiki ya je ya sami Ayashe, don ita ta karɓi jagorancin jirage bayan mijinta.

Ya ce, "Matar yaya, bana biyu zan kunna, ɗaya a kan baƙin dutse, ɗaya a kan giginya. In kin ga ta sama ta hau kan ta ƙasa, kina kan hanya. In kin ga ɗaya kaɗai, ba tawa ba ce."

Ta ce, "In aka kashe ɗaya fa?"

"Ba za a kashe ba ina da rai."

"Wan naka ma ya yarda da kai."

Ta faɗi haka, amma ta amince, don ba ta da zaɓi. Rumbuna sun ƙare, yara sun koma tonon bado. Jirage ashirin da ɗaya ta tafi da su, su ne duk abin da ya rage wa tsibirin. Suka yi alkawari kowane jirgin da ya fita daga mashigar zai busa ƙaho sau ɗaya.

Ranar dawowarsu Anaruwa ya cika kasko uku da kitsen dorina, wanda in ya kama wuta ruwan sama ba ya kashe shi. Ya aza ɗaya a kan baƙin dutse, ya yar da gawar dorina a gindinsa, kadoji suka taru suka kewaye wurin. Ya hau giginya ya ɗaure na biyu. Na uku ya ajiye a gefe. Magariba ta yi, hadari ya haɗo baƙi ƙirin, ya kunna.

Barmo ba wawa ba ne, ya ga wuta biyu ya gane abin da ake nufi. Ya tura mutum biyu su kashe ta ƙasa, kadoji suka yayyaga su tun ba su taɓa dutsen ba. Sai ya ƙetaro da sauran, su talatin, suka auka wa giginyar.

Nan aka ga abin da ya sa dorina ke tsoron mutumin nan. Na farko ya soke shi a ƙirji, ya fizgo mashin da igiya, ya maida wa na biyu a ciki. Na uku ya kama shi ya karya masa wuya a jikin bishiya. Takubba suna sauka a kansa suna lanƙwashewa. Ya kwantar da tara, jini ya gauraye da ruwan sama har ƙafa ba ta tsayuwa. To amma mutum ɗaya hannu biyu gare shi. Yana fama da na gaba, na baya suna sara da gatari. Giginya ta yi ƙara ta faɗi, kaskon ya fashe.

A daidai lokacin ya ji ƙahon Ayashe daga sama da Maƙogwaro, tana busawa ba ƙaƙƙautawa. Wuta ɗaya take gani, ruwa kuma yana jan su.

Ya yar da mashi. Ya suri kasko na uku, ya kunna shi da ganyen giginyar da ke ci da wuta, ya haye wani tsauni da ke bayan kututturen, ya tsaya inda kututture da baƙin dutse suka zo masa a layi ɗaya. Ya aza kaskon a ka, ya ga bishiyoyi sun tare hasken. Sai ya ɗaga shi sama da hannu biyu, iya tsawonsa.

Hanyar hawa tsaunin ta mutum ɗaya ce, Barmo da kansa ya hau, da kulki a hannu, don ya san ƙarfe ba ya ci.

Ya ce, "Sauke ka kare kanka, mafarauci."

Anaruwa ya ƙara damƙe kaskon. Ƙaho ya yi kuka daga ƙasan mashigar, jirgi ɗaya ya fita. Barmo ya zabga masa kulki a haƙarƙari, ƙashi ya karye. Kaskon ya yi zafi, kitse ya tafasa yana gangarowa ta yatsunsa zuwa gwiwar hannu, yana jin ƙaurin namansa. Ƙaho na biyar. Na takwas. Barmo ya fasa masa baki, ya farfasa masa gwiwa ɗaya, Anaruwa ya jingina bayansa da dutse ya tsaya da ɗayar. Tsoro ya kama shi, ba na mutuwa ba, na kada hannunsa ya sauka da kansa. Goma sha bakwai. Idonsa ya rufe da jini, da kunne kawai yake lissafi. Ashirin. Aka yi shiru mai tsawo, Barmo yana haki yana duka. Can sai ga ƙaho na ƙarshe.

Sai a sannan ya sauke kaskon, kuma a kan Barmo ya sauke shi. Mugun ya gangara daga tsauni yana ci da wuta, ihunsa har tsibiri an ce an ji. Mutanen jirage suka fito gaɓa da filafilan tuƙi da adduna, ba su bar ko ɗaya daga cikin 'yan fashin ba.

Ayashe ta hau ta same shi zaune, hannayensa sun dahu, yatsu sun manne da juna.

Ya ce, "Matar yaya, nawa suka fita?"

Ta ce, "Duka."

Ta durƙusa ta yi kuka, kukan da ba ta yi ba ko ranar mutuwar mijinta. Ta sa aka dama kunu da geron da suka kawo, ta ɗebo a ludayi ta ce, "Buɗe baki, ƙanena."

Shekara goma sha tara ya yi bayan haka, bai sake riƙe mashi ba, bai sake kai loma bakinsa ba. Mutanen da suka ƙi cin abinci da shi suka taso daga tsibiri suka kafa gari a gindin tsaunin, gida gida suna karɓar kwanan ciyar da shi. Garin shi ne Wutabiyu. An gina hasumiyar ƙasa a inda ya tsaya, ana kunna wuta a kanta tare da ta baƙin dutse daga farkon damina har ruwa ya janye. Fataken da suka je bakin teku sukan dawo suna ba mu labarin dogayen fitilun da ke nuna wa manyan jirage hanya, mu kuwa sai mu ce Allah ya ƙara musu mai.

Har yau in za a naɗa Sarkin Wuta a garin, yakan hau hasumiyar ya zauna ya ɗora hannayensa a cinya. Wata dattijuwa daga zuriyar Ayashe takan hau bayansa da ƙwaryar kunu. Duk girmansa, duk furfurarsa, ranar nan a baki ake ba shi.